FARIN KAKI A KAYAN BARKA

Shafi na 14

Masu cika min waya da "ina ci gaba, ina ci gaba", to ga shi nan, ku bar ni in sha ruwa. Ke kuma da kika rubuto wai Ja'afaru sakarai ne, karanta wannan tukuna. Ni da nake rubutawa ma kaina ya ɗaure.

Waɗanda suka shigo yau, ga inda muke a taƙaice. Agege ce, shekarar da aka gama babban yaƙi. An ƙara wa manyan ma'aikatan jirgin ƙasa, masu farin kaki, kuɗin tsadar rayuwa, ƙanana masu baƙin kaki kuwa aka ce su yi haƙuri. Sai ƙanana suka shiga yajin aiki. Ja'afaru mai zuba wa inji kwal yana cikinsu. Ana cikin haka matarsa Talatu ta haifi ɗan fari, gobe suna.

*

Goron farko da aka dawo da shi, Ja'afaru bai kawo komai a ransa ba.

Yana zaune a zaure bayan la'asar, yana tunanin inda zai aro tabarmi, sai ga Hamidu, abokin aikinsa da suke cin abinci kwano ɗaya a Ebute Meta. Bai zauna ba. Ya ajiye ƙunshin ganye a bakin tabarma.

"Mene ne wannan?"

"Goronka ne."

"Na san nawa ne, ai ni na aika maka. Na sunan gobe ne."

"To ga shi nan."

"Hamidu, lafiya? Tsutsa ka gani a ciki?"

Hamidu ya kalle shi daga sama har ƙasa.

"Goron lafiyarsa ƙalau."

Ya juya ya fita, ko sai anjima babu.

Bayansa wani ya shigo ya ajiye. Wani ma ko shigowa bai yi ba, daga bakin ƙofa ya miƙo hannu. Kafin ka ce me, goro ya taru a gaban Ja'afaru kamar mai talla, kuma duk daga gidajen 'yan uwansa masu baƙin kaki.

Ku fa gane, a Agege garin goro, mayar da goron gayyata ba ƙaramin abu ba ne. Ko wanda kuka yi cacar baki da shi jiya yakan karɓa ya miƙa wa iyalinsa. In an dawo maka da shi, an ce maka ne ka yi sunanka kai kaɗai.

Ja'afaru ya zauna yana jujjuya ƙunshi ɗaya a hannu. Ya binciki kansa ciki da waje. Taron yaji bai taɓa fashi ba. Bai yi faɗa da kowa ba. Tsoro ya fara kama shi, irin tsoron wanda ake fushi da shi bai san dalili ba.

Ƙararrawar keke ta kaɗa a waje.

Abdulganiyu ne, akawu, fes cikin farin kakinsa. Tare suka tashi a layin nan, tare suka yi wasan ƙasa, amma tun da ya zama babba gaisuwarsa ta koma kaɗa ƙararrawa daga kan keke. Yau kuwa har ya sauka, ya jingine keken, ya shigo da fara'a.

"Oga Ja'afaru."

Ja'afaru ya waiwaya bayansa, ko akwai wani Ja'afarun.

"Da kai nake. Baturen wajen aikinmu ya ji daɗi ƙwarai. Ya ce dama ya san kai mai hankali ne, ya sha ganinka kana jan inji in direba ya gaji. Gobe da safe akwai jirgin kaya da zai hau Arewa, kai za ka ja shi."

"Ni?"

"Kai. Ba zuba kwal ba, ja. Direba sosai."

"Ganiyu, gobe suna."

"A yanka rago da wuri sai ka wuce, abi?"

"Ina cikin yaji fa."

"Da kana ciki, kafin ka karɓa."

"Na karɓi me?"

Abdulganiyu ya yi dariya ya dafa kafaɗarsa.

"Ka ji ka. Ni ma za ka ɓoye wa?"

Ja'afaru ya buɗe baki ke nan sai hasken ƙofa ya tare. Baba Mu'azu ne ya shigo da sandarsa, a bayansa kuma, can waje, ana jin gunagunin maza da yawa.

Baba Mu'azu tsohon maƙeri ne a gidan gyaran taragu. Aminin marigayi mahaifin Ja'afaru ne, tare suka yi soja, kuma shi ya riƙe hannun Ja'afaru ya kai shi aiki yana saurayi. Shi ne bakin ƙananan ma'aikata na Agege. Shi ya tsaya ranar da aka fara yaji ya ɗora wa kowa rantsuwa: duk wanda ya karɓi farin kaki ana cikin wannan hali, ba a cin goronsa, ba a zuwa bikinsa, ba a zuwa sunansa. Shi kansa tun ranar ya bar cin goro gaba ɗaya, wai kuɗin goro ya koma na garin tuwo, har mutane na tsokanarsa haƙoransa sun yi fari kamar na ango.

"Kai ɗan akawu, matsa min."

Abdulganiyu ya ɗan rusuna. "Sannu Baba."

"Ka zo ɗaukar sabon ɗan uwanku?"

"Baba, ni saƙo aka ba ni. Kuma gaskiya maganar nan taku ta a daidaita, a daidaita, ta yaya za a daidaita wanda ya ci jarrabawa da wanda bai ci ba?"

"Wa ya ce a taɓa albashinka? Riƙe abinka, Allah ya sa albarka. Kuɗin tsada muke magana. Iya mai sayar da garin rogo a kasuwar Agege, in ka je awo, tana duba launin kakinka kafin ta faɗi kuɗi?"

"Ni ma fa ba a sama nake ba, Baba. Baturen da muke tebur ɗaya, aiki iri ɗaya, ya ninka ni."

"To me ya hana ka fito mu yi tare?"

"Ɗakin da nake ciki na wajen aiki ne. Ranar da na fito, ranar za a watso min kaya titi, da mata da 'ya'ya. Kai gidanka naka ne."

Baba Mu'azu ya gyaɗa kai, don maganar ba ƙarya ba ce.

"Don girman Allah ku tsaya," in ji Ja'afaru. "Ni a ina nake a cikin maganar nan? Wannan ya ce na karɓa, waɗancan sun dawo min da goro. Me na yi?"

Tsohon ya juyo gare shi. Idonsa ya yi ja, amma ba na faɗa ba, na ɓacin rai.

"Matata Fatu ta zo barka gidan nan. Ta ga farin kaki, riga da wando da hula, an baje a kan gado a tsakiyar kayan barka. Matar Hamidu ta gani. Duk matan layin nan sun gani, har sun shafa maɓallan."

"A gidan nan?"

"A'a, a gidan liman."

"Baba, wallahi tallahi tun ranar da aka haihu ban taka cikin gidan nan ba, ban da shigar da na yi na yi wa yaron huɗuba. A zauren nan nake kwana, nan ake miƙo min abinci."

Wannan kam gaskiya ce. Ɗan fari ne, kunya ta hana shi ko kallon ƙofar ɗakin. Da jirage na tafiya ma da Talatu tana Zariya wajen iyayenta, yajin ne ya sa ta haihu a nan a hannun mahaifiyarsa.

Abdulganiyu ya daina murmushi.

"Ah ah. Masinja aka aiko da kakin fa. An faɗa masa sarai, in an karɓa an yarda, in ba a so ya dawo da kaya. Ya dawo hannu wofi, baki jajur da goro, yana ta yabon mutanen gidan nan, har tukwici aka ba shi."

"Wa ya ba shi?"

"Ni za ka tambaya? Gidanka ko gidana?"

Baba Mu'azu ya sa hannu a aljihu ya fito da jan goro guda, babba, wanda Ja'afaru ya zaɓa da kansa ya kai masa har gida.

Akwai abin da ba wanda ya sani sai Ja'afaru da Allah: sunan da ya raɗa wa jaririn a kunne ranar huɗuba, sunan tsohon nan ne. Baba Mu'azu bai taɓa haihuwa ba, kuma duk Agege ba a taɓa yi masa takwara ba. Yanzu ga shi tsaye zai mayar da goron sunan.

"Ban ajiye ba tukuna," in ji tsohon. "Saboda ubanka. In gaskiya kake faɗa, shiga ka fito da kakin nan. Ka miƙa wa wannan a gaban mutane, kowa ya gani da idonsa. In ka yi haka, gobe ni zan fara shimfiɗa tabarma."

"Ni ma hakan ya yi min," in ji Abdulganiyu. "Amma ka ji da kyau, abokina. Kayan gwamnati ne. Ko dai a jikinka gobe da safe, ko a hannuna yau, yadda aka kawo shi, ko maɓalli ɗaya kada ya ɓata."

Ja'afaru ya ji sanyi a ransa. In dai wannan ce kaɗai matsalar, ai ta ƙare. Ya zura takalmi ya faɗa cikin gida.

Matan da ke tsakar gida suna daka suka ɗago gaba ɗaya.

"Lale, angon ƙarni. Yau kunyar ta ƙare?"

"Ku ba shi hanya, ɗansa ya zo gani."

Bai kula su ba. Ya sunkuya ya bi ta ƙarƙashin igiyar shanya, wasu fararen ƙyallaye masu danshi suka shafi fuskarsa, ya ture su. Mahaifiyarsa Inna Kande tana bakin murhu tana dama kunun kanwa.

"Inna, an kawo wani kaya daga wajen aikinmu?"

"Au, sai yau ka ji? An kawo mana." Ta ci gaba da damu, fuskarta cike da jin daɗi. "Wani ɗan siririn mutum mai jar hula. Na ce kai, ashe Turawan nan sun san ya kamata. Ana faɗa ana faɗa, amma da suka ji an yi haihuwa sai ga kayan barka."

"Inna, ba kayan barka ba ne."

"To na mene ne? An haihu a gida, an kawo ƙunshi, ka ce ba na barka ba?"

"Bai ce miki komai ba?"

"Ya ce, mara kunya. Wai in ba a so ya koma da shi. Na ce kai wa ya raine ka? Wa ka taɓa gani ya mayar da kayan barka? Na cika masa hannu da goro, na ɗora masa ɗan abin tukwici, kada a je a ce gidan su Ja'afaru ba su san mutunci ba."

Ja'afaru ya dafe kansa da hannu biyu.

"Me ya sa ba ki aiko an faɗa min ba?"

"Tun yaushe ake kai wa namiji labarin kayan barka? Na mata ne. Na baje su kowa ya gani, yadda ake yi."

Daga cikin ɗaki muryar Talatu ta fito, can ƙasa.

"Malam, ni na so in yi magana. Na ga kamar irin na su Ganiyu ne."

"To me ya hana ki?"

"Inna ta ce mai jegon fari ba ta da baki."

"Kuma har yanzu ba ta da shi," in ji Inna Kande. "Ke sha kununki."

"Shi ke nan, Inna, ya wuce. Ɗauko min shi yanzu. Riga da wando da hula. Mutane na jira a waje."

Ludayin ya tsaya a hannunta.

"Ka yi me da shi?"

"In mayar."

"Ka mayar?"

"Inna, kakin manya ne. In na riƙe shi na ci amanar 'yan uwana ke nan, na koma aiki na bar su. Goron da na raba duk an dawo da shi. Gobe ba mai zuwa sunan nan, har Baba Mu'azu."

Ta dube shi, ta dubi matan, ta sake dubansa. A fuskarta za ka gane ba ta ga inda riga ta haɗu da cin amana ba.

"To ai hular tana nan," ta ce a hankali. "Na zuba allura da zare a ciki."

"Rigar fa? Wandon fa?"

"Wandon nan guntu ne fa, Ja'afaru. Ko gwiwa bai rufe ba. Na ce ɗana, uban ɗa, ba zai fita da cinya a waje ba."

"Inna, ina yake?"

"Kuma yadin mai kyau ne, ba ya jin wanki. Ga shi yajin nan naku ya hana a sayi ko ƙyalle ɗaya. Yaro kuwa ba ya jiran a gama yaji kafin ya yi fitsari."

Ta ɗaga ludayi ta nuna bayansa.

Ja'afaru ya juya a hankali. Fararen ƙyallayen nan da ya ture da fuskarsa suna reto a kan igiya, an yanka su daidai wa daida. A jikin ɗaya har da sauran bakin aljihu.

Wallahi ni da nake ba ku labari, a nan ban san ko dariya zan yi ko kuka ba.

"Rigar fa?" in ji Ja'afaru.

"Ita kam ban ɓata ta ba. Baballe tela na kai wa, ya fitar wa yaron rigar suna. Yanzun nan muka gwada masa."

Sallama aka yi daga bakin zaure. Baba Mu'azu ne, jira ya ishe shi. Matan suka ja mayafi suka matsa gefe.

"Kande, a gafarce ni na shigo muku. Ja'afaru, mutane sun fara cewa ka gudu ta baya. Ina kayan?"

Ja'afaru ya nuna igiya kawai.

Tsohon ya kalli igiya, bai gane ba. Ya matsa, ya kama ƙyallen mai bakin aljihu, ya juya shi, ya saki.

"Kande, me nake gani?"

"Malam Mu'azu, ni fa kun ruɗa ni. Shi ya ce cin amana, kai kana kallon shanya kamar ka ga gawa. Tsaya ka ga abin arziki."

Ta shige ɗaki, ta fito da jaririn ta ɗora masa a hannu kafin ya ce a'a.

Yaron yana barci, cikin 'yar farar riga mai kauri, an yi mata wuya irin na manya. A ƙirjinsa maɓallin tagulla guda yana ƙyalli, ya kusa kai girman tafin hannunsa.

Baba Mu'azu ya daɗe yana kallo.

"To," ya ce. "Ubansa bai karɓa ba, shi ya karɓa."

Ba wanda ya yi dariya.

"Baba, ka ga dai yadda aka yi," in ji Ja'afaru. "Ka faɗa musu."

"In faɗa musu me? Na ce musu za ka fito da kaki, ka miƙa a gabansu. In fita in ce kakin ya zama tsumman fitsari? Wa zai yarda? Za su ce an yanka ne don kada a mayar. Shi kuma akawun can zai ce an lalata kayan gwamnati, ko ka ja jirgi gobe ko a zo da ɗan sanda." Ya girgiza kai. "Ni na ɗora rantsuwar nan, Ja'afaru. An karɓa a gidanka, an ba da tukwici. Ni kaina ban san me ake kiran wannan ba."

Daga waje muryar Hamidu ta taso.

"Baba, ya kawo ko mu watse?"

Tsohon ya gyara riƙon jaririn a hannu ɗaya, ɗaya hannun kuma har yanzu da jan goron nan a ciki. Ya duba inda zai ajiye shi. Ga turmi kusa da shi. Ya miƙa hannu.

Jaririn ya motsa, ya yi hamma, ya damƙe ɗan yatsan tsohon da ke kusa da maɓallin.

"Wannan ɗan rigima," in ji Baba Mu'azu, muryarsa ta sauka. "Me aka raɗa masa?"

"Ba a faɗa sai gobe," in ji Inna Kande da sauri.

Ja'afaru ya sunkuyar da kai. Sunan ɗan fari ba ya faɗuwa a bakin uba, balle sunan aminin mahaifinsa.

"Sunanka ne, Baba."



Baba Mu'azu ya kalli yaron, ya kalli maɓallin, ya kalli goron da ke tsakanin hannunsa da turmi. Hawaye ya gangaro masa bai share ba, don ba hannun sharewa.

Sai ya kai goron baki ya gatsa.

Ya tauna a hankali, ya sake gatsa, har ya cinye rabi, ya jefa sauran a aljihu. Ya miƙa wa Inna Kande jaririn, ya ɗauki sandarsa.

"Baba, me za ka ce musu?"

"Ban sani ba."

Ya nufi zaure, Ja'afaru na binsa a baya. Abdulganiyu yana tsaye jikin kekensa, ya miƙo hannu biyu don karɓar kaya. Mazan layin sun cika ƙofar gida, kowa ya zuba ido a hannun tsohon.

Hannun ba komai sai sanda.

Baba Mu'azu ya buɗe baki zai yi magana. Hamidu, da ke gaba, ya matso taku ɗaya, ya ƙura masa ido.

"Baba," ya ce. "Mene ne wannan ja a bakinka?"